Rabilu Musa Ibro da bashin dariyar da ke kanmu

A watan jiya wani ɗalibina na shekarar ƙarshe ya shigo ofishina yana ɗari-ɗari, riƙe da takarda mai ɗauke da batutuwa uku da yake son a zaɓar masa ɗaya domin kundin kammala digiri. Biyun farko irin waɗanda muka saba gani ne, na salon wani mawaƙin fada da na jigon wani littafin zube. Na ukun kuwa ya rubuta shi can ƙasa da ƙananan baƙaƙe, kamar mai ɓoye abin kunya: rayuwa da ayyukan Rabilu Musa Ibro. Da na sa alƙalami na zagaye na ukun, sai ya ce, "Malam, an ce mini ba za a yarda da shi ba, wai camama ba ilimi ba ce." Na tambaye shi wa ya faɗa masa haka, ya sunkuyar da kai. Ban matsa masa ba, domin na san amsar. Mu malamai ne muka faɗa, ko da ba da baki ba, da irin yadda muke yatsina fuska idan an ambaci sunan mai ban dariya a ɗakin karatu. Wannan yatsinar fuska ita ce batun shafin namu na wannan mako.

Bari in fara da kaina, don kada a ce laifi tudu ne, na taka nawa na hango na wani. Na fara ganin Ibro ne a ƙarshen shekarun 1990, lokacin ina makarantar sakandare, idan an yi hutu na koma gida Damri. Akwai wani gidan kallo na zana da langa-langa, da ƙaramin janareta mai ƙara kamar injin niƙa, da akwatin talabijin da aka ɗora kan benci. Manoma su taso daga fadama a gajiye, su yi sallar lisha, su biya ɗan abin da ba a rasa ba, su zauna kan tabarma. Na ga dattijon da ban taɓa ganin haƙorinsa ba yana dariya har da hawaye. Amma da na shiga jami'a na fara sanin sunayen manyan marubuta, sai na daina faɗin cewa ina kallon Ibro. Ina kallonsa a ɗaki, ina musun saninsa a fili. Na tabbata da yawa daga cikin masu karanta wannan shafi sun yi irin wannan ɓoye-ɓoyen.

An haifi Rabilu Musa a watan Disamba na 1971. Mutumin Ɗanlasan ne a ƙasar Kano, cikin ƙaramar hukumar Warawa ta yanzu. Ya yi firamare a garinsu, ya wuce Kwalejin Horon Malamai ta Wudil. A 1991 ya shiga aikin gandiroba, ya shekara takwas yana tsaron gidan yari kafin ya ajiye kaki ya rungumi wasan kwaikwayo gadan-gadan. Fim ɗin 'Yar Mai Ganye na cikin na farkon da suka fito da sunansa a ƙarshen shekarun 1990. Ya rasu ranar 10 ga Disamba, 2014, ana saura kwana biyu ya cika shekara 43, aka kai shi makwancinsa a Ɗanlasan. Ke nan duk abin da ya yi a fagen fim bai kai shekara ashirin ba, amma a cikin wannan ɗan lokaci sunansa ya zama kalma a bakin Hausawa. Har yau idan yaro ya cika shirme da ban dariya, uwarsa takan ce, "Kai dai Ibro ne."

Don a fahimci nauyin abin da ya yi, sai a tuna yanayin da ya tarar. Finafinan bidiyo na Hausa sun fara ne a Kano da Turmin Danya na ƙungiyar Tumbin Giwa a 1990. Zuwa ƙarshen wannan goma na shekaru, sana'ar ta bunƙasa har ta samu mujallunta, irin su Tauraruwa da Fim, ta kuma samu sunan Kannywood. Bayan fitowar Sangaya sai kasuwa ta karkata ga finafinan soyayya masu waƙa da rawa irin na Indiya, masu nuna manyan gidaje da motoci da 'yan mata masu ado. A gefe guda kuma ga wani reshe da ake kira camama, wanda ake ɗauka a ƙauye ko a lungu, da kuɗi kaɗan, cikin 'yan kwanaki, galibi ba tare da cikakken rubutaccen labari ba. Sunan kansa na raini ne. Ibro ne sarkin wannan reshe, tare da abokan aikinsa irin su Ciroki da Daushe da Bosho. Abin da masu raini ba su lura da shi ba shi ne, a finafinan soyayya talaka yana kallon rayuwar da ba tasa ba, a camama kuwa yana ganin katangar gidansu da akuyarsu da mai shayin unguwarsu da bashin da ake bin babansa.

Ni a ganina Ibro jikan Gizo ne. Duk wanda ya tashi da tatsuniya ya san halin Gizo: kwaɗayi, ƙarya, wayon da yake kai mai shi ya baro, da rashin kunyar da ke sa a kama shi yau ya sake gobe. Wannan shi ne mutumin da Ibro ya riƙa fitowa a matsayinsa, ko ya zama direba, ko boka, ko ɗan sanda, ko ango. Kullum yana ƙulla dabarar da za ta fi ƙarfinsa, kullum asirinsa yana tonuwa, kuma kullum mai kallo yana tare da shi, saboda ya san yunwar da ta haifi dabarar. Bayan Gizo akwai 'yan kama, waɗanda suke kwaikwayon karatun malamai suna juya shi ya koma zancen tuwo da miya, har wani Bature mai suna Gidley ya yi nazarinsu a 1967. Akwai 'yan gambara, da wawan sarki wanda shi kaɗai ke iya faɗa wa sarki abin da waziri ke tsoron faɗa, da wasannin tashe na watan azumi. Ibro bai ƙirƙiro barkwancin Hausa ba. Ya ɗauko shi ne daga dandali da kasuwa ya shigar da shi kaset, daidai lokacin da dandalin ya fara mutuwa.

Wata baiwar tasa ita ce mayar da labarin duniya ya zama na cikin gida. Lokacin da kiɗan Awilo Longomba na Kwango ya cika Nijeriya, sai ga Ibro Awilo. Bayan harin 11 ga Satumba, 2001 a Amurka, sa'ad da ake ta sayar da hotunan Usama bin Ladan a kasuwanninmu, sai ga Ibro Usama a 2002, wanda ya jawo masa suka daga wasu malamai. Da Amurka ta afka wa Iraƙi a 2003, sai ga Ibro Saddam. Mutum yana iya cewa wannan neman kasuwa ne kawai, kuma akwai gaskiya a ciki. Sai dai duk mai son sanin yadda talakan Arewa ya fahimci waɗannan manyan al'amura, me ya ba shi tsoro, me ya ba shi dariya, zai samu abin da yake nema a waɗannan kaset fiye da a sharhin jaridun lokacin. Masana na waje irin su Matthias Krings na Jamus sun gane haka sun yi rubutu a kai, kamar yadda Farfesa Abdalla Uba Adamu ya yi a gida. Abin takaici ne a ce baƙo ya ga darajar kayan ɗakinka kai kana zubar da su a juji.

Ba na cikin masu mayar da mamaci waliyyi. Akwai abin zargi a ayyukan Ibro, kuma ya kamata a faɗa. Finafinai da yawa an yi su cikin gaggawa, labarin bai da kai bai da gindi, ana maimaita abin da aka riga aka yi. Akwai wuraren da aka mayar da nakasa abin dariya, da wuraren da aka kwaikwayi maganar wasu ƙabilu ta hanyar da ta wuce wasan barkwancin da muka gada, irin wanda ke tsakanin Fulani da Barebari ko Kanawa da Zagezagi, wanda ke da ƙa'ida da iyaka. Akwai kuma yadda mace takan fito a matsayin mafaɗaciya ko mai kwaɗayi ba tare da wata fuska ta daban ba. Amma wannan dalili ne na a yi nazari, domin nazari ne ke rarrabe tsaki da tsakuwa. Wanda ya ƙi duba abu bai da hurumin yanke masa hukunci.

Hukunci kuwa an yanke masa, na gaske. Bayan abin kunyar da ya girgiza masana'antar a 2007, gwamnatin Kano ta lokacin ta naɗa Abubakar Rabo Abdulkarim ya shugabanci Hukumar Tace Finafinai, aka shiga zamanin kame da kotun tafi-da-gidanka. An ɗaure Adam A. Zango a 2007, an ɗaure Hamisu Lamiɗo Iyan-Tama a ƙarshen 2008. A watan Oktoba na 2008 kotun ta yanke wa Ibro ɗaurin wata biyu, bisa tuhumar da ta shafi rajistar kamfani da fim ɗin Ibro Aloko. Mutanen gari kuwa suna da nasu fassarar: sun ce wata waƙa ce da ke cikin fim ɗin, wadda aka ɗauka shaguɓe ce ga masu mulki, ta jawo masa. Ko ma wanne ne, sai ga tsohon gandiroba ya koma gidan yari a matsayin fursuna. Ina ganin da shi aka ba labarin ya tsara, da ya yi fim da shi.

Mu a Zamfara mun san wani abu game da wannan tirka-tirka tsakanin hukuma da masu nishaɗantarwa. A ranar 27 ga Oktoba, 1999 Gwamna Ahmad Sani Yariman Bakura ya ƙaddamar da shari'ar Musulunci a Gusau, kuma cikin matakan da suka biyo baya har da rufe gidajen silima. Ba na jayayya da cewa akwai ɓarnar da ake yi a wasu daga cikin wuraren, kuma al'umma na da haƙƙin kare tarbiyyar 'ya'yanta. Abin lura shi ne kallon bai tsaya ba. Ya tashi daga fili ya koma cikin ɗaki, daga kaset ya koma faifai, daga faifai ya koma wayar hannu, inda babu mai tacewa ko kaɗan. Buƙatar ɗan Adam ga dariya ba ta jin umarnin hukuma. Abin da hukuma ke iya yi shi ne ta taimaka a gyara sana'ar, ko ta kore ta zuwa inda ido ba ya kaiwa.

Wannan hali bai tsaya ga ƙasarmu ba. A ƙasar Cek da ke tsakiyar Turai an yi wani ɗan wasa mai suna Vlasta Burian, wanda aka haifa a 1891, mutanensa suka yi masa laƙabi da sarkin masu ban dariya. Ya taɓa zama mai tsaron gida a ƙungiyar ƙwallon ƙafa ta Sparta, daga baya ya kafa gidan wasansa na kansa a birnin Prag, ya fito a finafinai da dama. Da Jamus ta mamaye ƙasarsu a 1939 ya ci gaba da wasa. Da aka gama yaƙi a 1945 sai aka zarge shi da haɗa kai da 'yan mamaya, aka tsare shi, aka karɓe gidan wasan, aka hana shi sana'arsa har zuwa 1950. Ya rasu a 1962. Sai a 1994 aka wanke shi a hukumance, a 2002 kuma aka mayar da gawarsa maƙabartar da ake binne manyan mutanen ƙasar. An zalunce shi yana raye kamar yadda ake yi wa irinsu a ko'ina. Bambancin shi ne, da suka tashi gyara kuskurensu sun tarar da finafinansa a ajiye, domin tun 1943 suke da ma'adanar finafinai ta ƙasa. Mutanen da ba su fi miliyan goma sha ɗaya ba sun iya adana dariyarsu. Mu da muka ninka su sau da yawa fa?

A nan ne maganar ta zo gida. Kafin Ibro akwai Samanja Mazan Fama, wato Usman Baba Pategi, wanda ya rasu a 2023. Akwai Ƙasimu Yero, wanda ya rasu a 2017. Akwai Karkuzu na Jos, wanda a ƙarshen rayuwarsa sai da ɗan ƙwallo Ahmed Musa ya taimaka masa da muhalli. Akwai kuma namu na nan, Shehu Jibril Golobo na Talata Mafara, wanda ya riƙa sa ƙasar Sakkwato da kewaye dariya ta akwatin talabijin. Na gwada tambayar ɗalibai 'yan asalin Mafara da Bakura da Maradun ko sun san Golobo. Wasu sun ji sunan a bakin iyayensu, wasu sun ga guntun hoto mai dishi-dishi a YouTube, mafi yawa ba su taɓa ji ba. Amma da na ambaci Musa Ɗanƙwairo da Sa'idu Faru, 'yan wannan yanki namu su ma, kowa ya sani. Dalili shi ne an samu masana irin su Farfesa Sa'idu Muhammad Gusau da suka bi makaɗa gida-gida, suka rubuta tarihinsu da waƙoƙinsu, aka sa su cikin manhaja. Kada mu manta, an yi zamanin da ake yi wa makaɗi kallon maroƙi kawai, wanda bai cancanci a yi digiri a kansa ba. Aikin masana ne ya canza wannan kallo. Abin da aka yi wa makaɗa shi ne ba a yi wa 'yan wasa ba.

Lokaci kuwa ba ya jira. Kaset na bidiyo yana lalacewa da zafi da ƙura da raɓa, faifai yana karcewa, kamfanonin da suka shirya finafinan da yawa sun rufe, 'yan kasuwar Ƙofar Wambai da suka riƙe asalin kwafin sun koma wasu sana'o'i. Fim ɗin Shaihu Umar na Adamu Halilu, wanda aka yi a 1976 daga littafin Abubakar Tafawa Ɓalewa, ya yi shekaru ana ɗaukar ya ɓata, sai da aka gano shi a ma'ajiyar Hukumar Finafinai ta Nijeriya, aka gyara shi da taimakon Jamusawa, aka nuna shi a bikin finafinai na Balin a 2018. Idan fim ɗin da gwamnati ta kashe wa kuɗi, na littafin Firayim Minista, ya kusa salwanta, ina ga camamar da aka ɗauka a bayan garin Wudil?

Akwai kuma batun haƙƙi. A tsarin da aka yi yawancin finafinan nan, ɗan wasa yakan karɓi kuɗinsa sau ɗaya ne a wurin ɗauka, daga nan ya yi sallama da fim ɗin. Yau ga guntayen wasannin Ibro sun cika Facebook da TikTok da YouTube, masu tura finafinai a waya suna cin abinci da su a kowace tasha, wasu masu shafuka suna karɓar kuɗin talla a kansu. Sabuwar dokar haƙƙin mallaka da aka sa wa hannu a 2023 ta tanadi kariya ga masu wasa, amma doka a takarda ba ta kai kanta gidan marayu. Ƙungiyoyin masu shirya finafinai irin su MOPPAN su ne ya kamata su tsaya a kan wannan, su tattara sunayen finafinan waɗanda suka rasu, su san wa ke da mallakarsu, su nema wa magada abin da ya dace. A addininmu ma haƙƙin mamaci da na maraya ba abin wasa ba ne, ko da mamacin ɗan wasa ne.

Wani zai ce, a wannan hali da Zamfara ke ciki, na kashe-kashe da satar mutane da gudun hijira, maganar mai ban dariya ce ta dame ka? Ina da amsa, kuma daga gida na samo ta. Damri ta ga hare-haren 'yan bindiga, mun binne 'yan uwa, wasu sun bar gonakinsu sun koma rakuɓe a Bakura da Mafara. A wata ziyara da na kai wa wasu dangi da suka yi gudun hijira, na tarar da yara da manya sun kewaye wata tsohuwar waya mai fasasshen gilashi, suna kallon Ibro. Wata gwaggona, wadda ta rasa ɗanta, ta ɗago kai ta ce mini, "Ɗan nan, bar mu mu yi dariya, kukan ya ishe mu." Mutumin da ya rasu fiye da shekara goma yana yi wa mutanena aikin da ni da digirorina ban iya yi musu ba a ranar. Tun daga lokacin na daina jin kunyar ambaton sunansa a aji.

Saboda haka ga abin da nake roƙo, kuma bai fi ƙarfinmu ba. Sassan Hausa da na aikin jarida da na wasan kwaikwayo a Jami'ar Usmanu Ɗanfodiyo da Jami'ar Bayero da Jami'ar Tarayya ta Gusau da jami'ar jiha da ke Talata Mafara su buɗe ƙofa ga ɗaliban da ke son nazarin 'yan wasa, su tura su da na'urar ɗaukar magana wurin abokan aikinsu da iyalansu tun suna raye. Gidajen talabijin na Sakkwato da Kaduna da Kano da Jos su duba ɗakunan ajiyarsu, su mayar da tsofaffin kaset zuwa kwamfuta kafin gara da ƙura su gama da su. Masu hali na yankinmu, waɗanda ke kashe miliyoyi a bikin naɗin sarauta, su ɗauki nauyin littafi guda a kan Golobo. Duk kuma wanda ke da tsohon kaset a ƙarƙashin gado, kada ya zubar, ya kai wa sashen Hausa mafi kusa da shi.

Ɗalibin nawa ya fara aikinsa. Makon da ya wuce ya dawo daga Ɗanlasan da littafin rubutu cike da bayanai, yana ta zumuɗi, ya ce tsofaffin garin sun yi mamakin wai daga jami'a aka zo tambayar tarihin Rabilu. Na ce masa ya rubuta wannan mamakin nasu ma a cikin kundin, domin shi ma bayani ne a kanmu. Allah ya jiƙan Rabilu Musa da Golobo da sauran waɗanda suka riga mu, ya yafe musu kurakuransu, ya kawo mana zaman lafiya a Zamfara da Nijeriya baki ɗaya. Sai mako mai zuwa, idan Allah ya kai mu.